Butar Shayin Baba Kumai

Dattawan ikilisiya sun rufe tagogin ofishin fasto don kada magana ta fita, sai zafi ya rufe su tare da ita. Silvanus yana tsaye a tsakiya, ba a ba shi kujera ba.

Laifinsa sananne ne. Duk ranar Alhamis yana fitowa a talabijin daga Jos a matsayin Baba Kumai, dattijon da gari ke girmamawa, amma yana zuba burukutu a butar shayi. In ta hau masa kai sai ya jera kajin gidansa ya yi musu shari'a. Matarsa a wasan ba ta taɓa magana ba, tsayawa kawai take yi da tire a hannu. A kulob ɗin ma'aikatan jirgin ƙasa na Kafanchan, inda akwatin talabijin yake, mutane kan yi dariya har su riƙe ciki, sannan su fita suna tambayar juna wa ake nufi.

Wannan tambaya ce ta tara dattawan a nan. Dattijo Obadiah, shugaban majalisar, mutum ne mai tsare gidansa da doguwar katanga, yana tsare sunan ikilisiya fiye da haka. Ya faɗi hukunci tun kafin a fara: ko Silvanus ya ambaci wanda yake kwashe asirin gari yana kaiwa Jos, ko a sa shi horo, ya koma bencin baya. Wanda ke ƙarƙashin horo kuwa ba a ɗaura masa aure a coci, ga shi an riga an yi shelar aurensa da Bernice.

"Baba, ni takarda ake ba ni, in haddace," in ji Silvanus.

"Wa yake rubuta takardar?"

A nan Baturen da ke zaune a gefe ya miƙe. Gilbert sunansa. A London ya yi shekaru yana rubuta wasannin barkwanci na talabijin, yana fitowa a cikinsu, har ranar da ya waiwaya ya ga an daina dariya. Aka daina kiransa. Ya karɓi aikin koyar da ma'aikatan talabijin a Jos don babu wani aikin. Baba Kumai ne abu na farko da ya sake ɗaga sunansa, kuma ya san in wasan ya mutu, babu inda zai koma. Duk Asabar yakan zo Kafanchan ya ɗauki darasin Hausa wajen Malama Regina, matar Obadiah, amma har yanzu harshen bai zauna masa ba.

"Ni rubuta," ya ce, yana dukan ƙirjinsa. "Duka. Daga kai na."

Wani dattijo mai suna Alexander ya dube shi ta saman tabarau. "Maigida, burukutu da me ake yin ta?"

Gilbert ya yi tunani. "Ayaba?"

Babu wanda ya yi dariya. Gilbert ya zauna a hankali. Shirun nan ya saba da shi tun London.

Obadiah ya juya ga Silvanus. Ya tuna masa cewa shi ya riƙe shi ranar baftisma, shi ya yi masa hanyar makaranta. Suna ɗaya kawai ake nema. Silvanus ya kafa ido a siminti. Ya san sunan. Ya kuma san abin da zai sami mai sunan in ya faɗa. Ya tuna Bernice da ɗinkin da ta riga ta karɓo daga wajen tela.

Aka ƙwanƙwasa ƙofa. Malama Regina ce da kunun zaƙi. Ta bi dattawan ɗaya bayan ɗaya, ta tsallake mijinta, don kowa ya san ba ya shan komai a waje. Da ta gama ba ta fita ba. Ta tsaya bakin ƙofa da tire a hannu.

"Ku gafarce ni, iyayena," ta ce a hankali. "Yawancinku ba ku ga wasan da idonku ba, ji kuka yi. Me zai hana yaron ya yi shi a nan? In da wanda ake kwaikwaya, ai za ku gane tafiyarsa da muryarsa."

Alexander ya ce wannan magana ce. Sauran suka gyara zama. Silvanus ya ja numfashi, ya karkatar da kafaɗa ɗaya, ya ɗaga ɗan yatsa sama kamar alƙali.

"Ya isa," in ji Obadiah. "Nan ɗakin Ubangiji ne, ba gidan wasa ba." Ya ce ya sake tunani, wasa wasa ne, yaro kuma yana neman abincinsa. Ya rufe zaman da addu'a gajeruwa. Aure yana nan yadda aka sa.

Rana ba ta faɗi ba Obadiah da Regina suka isa gida. Obadiah ya sa sakata a ƙofar katanga da kansa. Regina ta shiga madafa, tana jin motsinsa a tsakar gida, tana jin ƙarar murfin buta. Can sai muryarsa ta taso, kafaɗa a karkace, yatsa a sama.

"Kai zakara, matso nan. Ko ka faɗi wanda ya tona ni, ko ka koma bencin baya."

Regina ta ci gaba da wanke kofuna, tana maimaita maganar a ranta don kada ta ɓace mata, gama jibi Asabar Bature zai zo darasi, kuma wasan mako mai zuwa ba ta samo masa ƙarshe ba sai yanzu.