Tulun Baƙin Taurari

Da wata budurwa ta miƙa wa kakarta makirufo a tashar aika saƙo zuwa taurari, tsohuwar ta gyara murya ta yi gaisuwar ƙauyensu: "Kun ci shinkafa? In ba ku ci ba, ku zo gidanmu."

Ma'aikata suka fashe da dariya, aka aika.

"Kaka, amsa fa sai bayan shekara hamsin!"

"Na sani, ja'ira."

Washegari, jikar, wadda ta daɗe tana gudun koyon yin daddawar waken suya ta gidansu, sai ta tarar da sabon tulu a tsakar gida, ga gishiri, ga wake yana tururi.

"Ni na gayyace su, amma ke za su tarar," in ji tsohuwar. "Naɗe hannun riga, kada ki kunyata ni gaban baƙi."