Alƙalamin Malam Ari

"Malam, ka gafarce ni, amma alƙalamin nan naka ba ya aiki," in ji Jawahir, tana huci.

Duk Fagge an san Malam Ari. Abin da ya rubuta da ajami yana isa hannun mutanen zamanin da ya wuce, komai nisan shekaru. Jiya Jawahir ta sa ya aika wa mahaifiyarta layi ɗaya, shekara talatin baya: kada ki bari maigidanki ya hau motar Nguru ranar Laraba. A wannan motar ce mahaifinta ya rasu. Yau ta farka, har yanzu marainiya ce.

"Saƙo ya isa," ya ce, yana fiƙe alƙalami.

"To me ya sa ba ta hana shi ba?"

"Innar taki ta iya karatu?"

Sai Jawahir ta tuna. Inna in ta ga baƙin Larabci a takarda, sai dai ta sumbata, ta kai wa baduku ya ɗinke.

Ta ciro layar wuyanta, wadda Inna ta tsinci takardarta a ƙarƙashin matashi, ta sa aka ɗinke, ta rataya mata tun tana jaririya. Ta farke ɗinkin da askar Malam.

Layi ɗaya ne a ciki, tawadar ko bushewa ba ta yi ba.