Sunan Ɗan Fari

Tun da sassafe Tabawa ta isa kamfanin da ta ba hayar fuskarta. Yanzu 'yan fim ba sa zuwa ɗaukar shiri. Na'ura ce ke yin wasan da fuskarsu da muryarsu.

Ta tarar da darakta Ɗanlami yana kallon sabon fim ɗinsa na ban tsoro a allon bango. Babu aljani a ciki, babu jini. Ita ce kawai zaune a tsakar gida, tana kiran ɗanta na fari da sunansa, gatsal.

"Ɗan nan, ka cire wannan," in ji ta. "Tun da na haife shi bakina bai taɓa kama sunansa ba."

"Ai abin tsoron ke nan, Inna. Kowa ya san ba za ki faɗa ba, ga shi kuma kin faɗa."

"Ban faɗa ba."

Ya tura mata makirufo. "Gogewa ba wuya. Ki faɗi sunan da bakinki, na'urar ta ji, sai ta share."

Tabawa ta dubi abin, ta ture shi gefe. A allon bango fuskarta ta sake kira. Daga bakin ƙofa, ɗan nata da ya rako ta, magidanci mai furfura, ya amsa a hankali: "Na'am."

Ba ta waiwaya ba. Ta tuɓe takalmanta, ta shimfiɗa mayafi a gaban allon, ta zauna.

"Bar ta ta yi ta kira," ta ce. "Mu ga wadda za ta fara gajiya, ni ko ita."