Nutsewar da Ba Ta da Lamba

"Baba, jirgin ruwan ne ya kife?" Ma'aikaciyar da ke shigar da lambobin cuta a kwamfutar asibiti ce ke tambaya.

"Allah ya kiyaye," in ji dattijon da ke kwance, yana tari.

"Wuta ya kama kuka yi tsalle? Ko igiyar ruwa ce ta kwashe ka?"

"A'a, 'yata."

"Kowace nutsewa a jirgin fasinja da lambarta. In ban sa ba, babu sallama."

Dattijon ya saci kallon maigidansa, mai jirgin, wanda ya zo dubiya.

Matar dattijon ta gaji. "Ke 'yar nan, jirgi ko tashi bai yi ba! Ƙaramin kwalekwalen ceto ya faɗa zai saci barcin rana, ashe ruwan sama ya cika shi. Wata fasinja ce ta jawo shi da lema."

Ma'aikaciyar ta danne dariya. "Wannan kam ba ta da lamba. Sana'arsa fa?"

Mai jirgin ya miƙe tsaye. "Kafin yanzun nan, shi ne shugaban masu cetonmu."