Amsar Da Ta Hana Mu Aure

"Ka san wannan mutumin?" mai ɗaura auren ta tambayi abokin zamana, tana nuna ni.

"Wannan mai sanƙon? Shi ke ƙona mini nama kowace Lahadi."

Ma'aikatan gidan tsofaffin suka kwashe da dariya. Ita ba ta yi ba. Doka ta ɗora mata ta tabbatar ango ya san abin da zai shiga, shi kuwa ciwon mantuwa ya ci rabin ƙwaƙwalwarsa.

Tun muna samari masu aske tumaki muke tare. Muka yi furfura muna jiran Ostiraliya ta gama shawara a kanmu, har maƙwabta aka bai wa ƙuri'a su yanke ko maza irinmu sun cancanci auren juna. Da izinin ya iso, a keken guragu ya tarar da shi. Ɗaki mai gado biyu kuma, a gidan nan, sai ma'aurata.

"Kana son ka aure shi yau?"

Ya harare ta. "'Yar nan, lafiyarki ƙalau? Yaya zan auri mijina? Ai mun daɗe da aure."

Ta rufe jakarta a hankali. "Ka yi haƙuri, baba," ta ce mini. "Ya ruɗe. Zatonsa yana da aure."

Ya manta sunan mahaifiyarsa, ya manta garinsu. Abu guda da ya riƙe daidai, shi suka kira ruɗewa.

Da aka juya kekensa zuwa ɗakinsa mai gado ɗaya, ya waiwayo.

"Kai tsoho, ba ka zuwa ne?"