Muryar Baba a Panteka

Wani maƙeri a kasuwar Panteka ya ɗora guntun azurfa cikin injin da ke ƙira da sauti, ya ce wa matar da ta kawo aikin ta kunna wayarta.

Abin da ya rage mata na muryar mahaifinta saƙo ɗaya ne, faɗan da ya yi mata ta ƙi amsawa har ya rasu.

"Malam, na san wuƙa za ta fito," in ji ta.

"Hajiya, injin ba ya jin magana. Murya kawai yake bi."

Mahaifin ya soma faɗa daga cikin wayar, azurfar tana lanƙwasa. Da ya yi shiru, maƙerin ya miƙo mata ɗan cokali, irin wanda ake ba yaro koko da shi.

Ta zauna kan benci, ta sake kunna saƙon.