Manomin Da Ya Shuka Tsumma

Bari in buga maka misali da wani manomi da ke zaune a bayan birni. Da damina yana gonarsa, da rani kuma yakan kasa riguna a bakin tasha, irin masu arahar nan da ake saukewa dila-dila, suna ƙyalli kamar an shafa musu mai. Ya sani sarai wanki uku ke raba su da launinsu, a na huɗu ɗinki ya zare. Wannan bai dame shi ba, don wanda ya saya a watan nan shi zai dawo a watan gobe. In mai saye ya tsaya yana jan yadin don gwada ƙwarinsa, sai ya yi dariya ya ce, "Alhaji, gado za ka bar wa 'ya'ya da ita? Sa ka yar, wani yayin na hanya." Haka ya yi shekara biyar yana tufatar da unguwa guda, har bolarsu ta yi tsiri.

To, manoman gefen birni suna da al'ada: in bazara ta kama, sukan sayi sharar bola su baza a gona. Tun zamanin kakansa ake yi. Toka ce da kashin awaki da tsumman auduga, in an yi ruwa biyu sun ruɓe sun koma ƙasa. A wata shekara da ciniki ya yi albarka, sai ya sa aka juye masa tifa huɗu daga bolar unguwar nan, yana murna ya sami taki. Ruwa ya sauka, ya yi shuka. Ranar noman farko ya kafta fartanya, ta sarƙe. Ya fizgo, hannun riga ya biyo ta. Ya matsa gaba, ga ƙafar wando. Zaren roba ne, ƙasa ba ta cinsa. Gero ya tsiro, saiwa ta rasa hanya, ya yi ja ya tsaya iya gwiwa. Ya tara tsummokaran ya cinna musu wuta, suka narke suka daskare kamar kwalta, hayaƙin ya kwantar da matarsa mako guda tana tari. Gonar da ta saba cika rumbu, a shekarar ko rabi ba ta kai ba, kuma ita kaɗai ubansa ya bar masa. Damina uku ke nan, in ka bi ta wajen za ka gan shi a tsugune tsakanin kunyoyi, yana zaro zare daga ƙasa da yatsunsa.

Masu iya magana ba su yi ƙarya ba da suka ce, ƙaiƙayi koma kan masheƙiya.